Wa ke riƙe da linzamin labari?

Yau ana ta yi mana tallar tabaran nan da ake ɗaurawa a fuska, mutum ya ga kansa tsundum cikin fim. Masu tallar na cewa daga yanzu ɗan kallo ne zai juya labari yadda ya ga dama. Mu dai muna da ja, domin alkawarin ya daɗe.

Tun a shekara ta 1962 wani Ba'amurke, Morton Heilig, ya yi rajistar wata na'ura mai suna Sensorama. Mutum ya zauna ya cusa kai, sai ya ga yana bisa babur cikin birnin New York, kujera na girgiza, iska na bugunsa, har ƙamshi yana shaƙa. Masu kuɗi ba su zuba jari ba, na'urar ta mutu.

A 1967, a bajekolin duniya na birnin Montreal a Kanada, ƴan ƙasar Cekoslobakiya suka nuna fim ɗin Kinoautomat. Kowace kujera na da maɓalli biyu, ja da kore. Sau tara ake tsaida fim, mai gabatarwa ya hau dandali, jama'a su zaɓi abin da tauraron zai yi. To amma duk abin da suka zaɓa, ƙarshen ɗaya ne: gidan ya kama wuta. Wasan Dragon's Lair na 1983, wanda ya haɗa zanen sinima da wasan bidiyo, shi ma haka yake. Hanya ɗaya aka shata, wanda ya kauce jaruminsa ya mutu.

Mu ma'aikatan rediyo mun san wannan dabara. A shirin kiran waya mai sauraro na jin shi ke da fili, alhali tambaya tamu ce, maɓallin katse layi kuma na hannunmu.

Abin da ya sa maganar ta fi nauyi yanzu shi ne ƙarfin na'urar. A 2014 kamfanin Facebook ya sayi Oculus, mai ƙera irin wannan tabarau, a kan dala miliyar 2. A 2017, a bikin sinima na Cannes a Faransa, Alejandro Iñárritu ya sa ƴan kallo suka tuɓe takalmi suka taka rairayi, suka tsinci kansu cikin baƙin haure da jami'an kan iyakar Amurka suka ritsa da su a hamada. Aiki ne mai kyau, ya taɓa zukata. Sai dai kayan da ke sa mutum tausayi za su iya sa shi ƙiyayya, in suka faɗa hannun mai mugun nufi. Mai kallon talabijin yana iya waiwayawa ya tambayi na kusa da shi. Wanda tabarau ya rufe wa ido shi kaɗai ne da abin da aka shirya masa.

Hausawa na cewa gani ya kori ji, amma shi ganin ma wani ne ke tsara shi. Don haka muna kira ga iyaye da malamai su saba wa yara da tambaya kafin kayan nan su cika kasuwanninmu: wa ya shirya wannan, wa ya biya kuɗinsa, me ya ɓoye mana?