Maganin Ƙwaron Itace Tun Kafin A Ɗora Rufi Ake Yin Sa

A garuruwan Kudancin Kaduna, tun daga Kafanchan zuwa Kagoro, Zonkwa, Kwoi da Kachia, idan magidanci ya ga wani gari mai laushi yana zubowa daga katakon rufin ɗakinsa, kalmar da ke fara fitowa daga bakinsa ita ce gara. Daga nan sai ya nufi kasuwa ya sayo maganin feshi, ya kwarara a gindin bango, ya ɗauka an gama. Bayan wata biyu garin yana nan yana zuba. A ganina kuɗin da ake kashewa ta wannan hanya asara ce, domin sau da yawa mai ɓarnar ƙwaro ne mai huda itace, kuma lokacin da ya fi dacewa a yaƙe shi ya wuce tun ranar da kafinta ya buga ƙusar farko. Ina so manoma da malaman gona su dubi wannan magana da idon basira, musamman a watannin Fabrairu zuwa Afrilu da jama'a ke gaggawar rufe gidaje kafin saukar ruwa.

Bambance su ba shi da wuya. Garar da muka fi sani daga ƙasa take tasowa, tana gina hanyar laka a jikin bango ko dirka, kuma idan aka ɓantare katakon da ta ci za a tarar da ƙasa a ciki. Shi kuwa ƙwaron itace ba ruwansa da ƙasa, tashi yake yi da fukafukai. Alamarsa ƙananan ramuka ne kewayayyu, tamkar an huda da allura ko da ƙusa, da kuma garin itacen da ke zubowa daga cikinsu. Idan ramin bai wuce milimita 1 zuwa 2 ba, garin kuma ya yi laushi kamar fulawa, to ƙaramin jan ƙwaron nan ne da masana ke kira Lyctus. Idan ramin ya fi haka faɗi, garin yana da ɗan kaushi kuma ya cushe a cikin ramin, to ɗaya ne daga dangin da ake kira Bostrichidae, masu doguwar siffa kamar guntun fensir, waɗanda kansu ke sunkuye a ƙarƙashin ƙirjinsu. Cikin wannan dangi ne ake samun Dinoderus, mai mayar da gora gari.

Abin da ya kamata kowa ya riƙe shi ne, ramin da ake gani yawanci ƙofar fita ce. Uwar Lyctus tana saka ƙwanta a cikin ƙananan kafofin da ke jikin katako, waɗanda ido bai cika lura da su ba. Tsutsar da ta ƙyanƙyashe ita ce ke ɓarna. Tana ci tana tafiya a ciki har tsawon watanni, bayan katakon kuwa yana nan sumul. Sai ta rikiɗa ta zama ƙwaro sannan ta huda ta fito. Saboda haka mai fesa magani a bakin rami, ɗakin da mai shi ya riga ya tashi yake wa feshi, ƙannensa kuma suna can ciki inda maganin bai kai ba.

Me tsutsar take nema? Sitaci. Kowace bishiya tana ajiye abincinta a farin ɓangaren nan da ke ƙarƙashin ɓawo. Zuciyar itacen, wato tsakiyar da ta fi duhu da tauri, ba ta da wannan abinci, shi ya sa waɗannan ƙwari ba su cika damuwa da ita ba. A nan ne kuma matsalarmu ta yau take. Kakanninmu da azarar giginya, da ƙirya, da zuciyar maɗaci suka yi gini, kuma irin waɗannan itatuwa sun yi ƙaranci, sun yi tsada. Abin da ya cika rumfunan 'yan katako yanzu shi ne farin katako mara nauyi irin su obece, da doka da maje da aka sare jiya aka tsaga yau, da sandunan ƙananan bishiyoyin da ba su yi shekarun da za su yi zuciya ba. Ko itacen tik, wanda ake shukawa tare da malaina a gandun dajin Nimbia da ke ƙaramar hukumar Jama'a tun ƙarshen shekarun 1950, zuciyarsa ce ke da juriya. Farin gefensa abincin ƙwaro ne kamar na kowace bishiya. Mai saye yakan ji sunan itace ya biya kuɗi, bai duba ko wane ɓangare aka yanko masa ba. Ga shi kuma yankin namu yana samun ruwan sama daga Afrilu har Oktoba, laimar da ke sa waɗannan ƙwari hayayyafa ba ƙaƙƙautawa.

Ba a fafe gora ranar tafiya. Wanda zai yi rufi a Maris, tun kaka ya kamata ya fara shiri. Idan shi zai sari sandunansa, ya ɓare ɓawon nan take, ya ɗauke su daga daji, kada ya bar su kwance a ƙasa, domin ɗanyen itace mai ɓawo shi ne abin da dangin Bostrichidae suka fi so. Gora kuwa a sari wadda ta kai shekara 3 zuwa 4, kuma a ƙarshen damina, lokacin da sababbin tsiro suka zuƙe sitacin da ke cikinta. Wadda aka sara a tsakiyar rani cike take da abinci. Tsohuwar dabarar nan ta nutsa gora da sanduna a rafi ko kududdufi na tsawon mako 4 zuwa 8 tana da tushe a ilimance, ruwan yana rage sitacin. Haka nan hayaƙi, shi ya sa tsaikon madafa kan daɗe fiye da na ɗakin kwana. Amma akwai kuskuren da nake yawan ji har a bakin masu ilimi, cewa da zarar katako ya bushe an tsira. Busarwa tana hana ruɓewa da kantarewa, tana kuma korar masu son ɗanye, sai dai Lyctus busasshen farin katako yake ci. Wanda aka busar da gaggawa ma da sitacinsa yake bushewa.

Don haka farin katako yana bukatar magani, kuma wanda na fi amincewa da shi ga gidan da mutane ke kwana shi ne gishirin boron, wato haɗin boric asid kashi 1 da boraks kashi 1 da rabi. Ana narkar da kilo 1 na haɗin a cikin lita 10 zuwa 20 na ruwa, a nutsa katako ko gora a ciki har mako 1 zuwa 2, gwargwadon kauri, sannan a jera a inuwa su bushe. Wani abin da ya dace da halinmu shi ne, wannan magani ya fi ratsa ɗanyen katako, wanda da ma shi ake sayar mana. Ba shi da wari, kuma haɗarinsa ga mutum kaɗan ne idan aka gwada da magungunan feshi, ko da yake dole a nisanta shi daga yara da dabbobi, kada kuma a zubar da ragowarsa a rafi. Aibinsa ɗaya, ruwan sama yana wanke shi, saboda haka bai dace da shinge ko dirkar da ke waje ba. Ana samun sa wajen masu sayar da sinadarai a manyan birane, kuma ƙungiyar manoma guda za ta iya haɗa kuɗi ta saya, ta haƙa dogon rami ta shimfiɗa leda mai kauri, kowa ya kawo nasa. Ƙofa da taga da kujera kuwa, fenti ko banish yana toshe kafofin da uwar ke saka ƙwai, muddin an shafa kafin ta riga mu.

Baƙin man injin da kafintoci ke shafawa ba zan ce ba ya komai ba, amma a fatar katako yake tsayawa, yana ƙara haɗarin gobara, kuma bai kamata ya kusanci wurin ajiyar abinci ba. Wanda ya fi tayar mini da hankali shi ne gaurayen da ake yi masa. Har yanzu akwai masu tambayar Gammalin, alhali sinadarin da ke cikinsa, wato lindane, an sanya shi cikin jerin haramtattu a Yarjejeniyar Stockholm tun 2009. Wasu kuma Sniper suke tuttulawa a silin ɗin ɗakin da yara ke barci, maganin da Hukumar NAFDAC ta taƙaita sayar da shi a 2019, kuma sinadarinsa ne, dichlorvos, ya sa Tarayyar Turai ta dakatar da sayen waken Nijeriya a 2015. Ƙwayar Phostoxin kuwa iskar da take fitarwa tana kashe mutum, ba a ajiye ta a ginin da ake kwana ko kusa da shi ko da na dare ɗaya ne.

To idan ƙwaron ya riga ya shiga fa? Da farko a tabbatar yana nan da rai. A share garin, a shimfiɗa baƙar leda a ƙasan wurin, a zagaye tsofaffin ramuka da alli, a dawo bayan mako 1 ko 2. Sabon gari da sababbin ramuka masu hasken baki su ne shaida. Daga nan a soka wuƙa a katakon. Wanda wuƙa ta nutse a cikinsa ya gama aiki, a cire shi a ƙone a musanya, tun bai jira iskar farkon damina ta yanke hukunci ba. Wanda ke da sauran ƙarfi a shafe shi da ruwan boron sau 2 ko 3. Ƙananan kaya irin su ƙotar fartanya, taɓarya, akushi da kujerar tsuguno, a naɗe su cikin baƙar leda a bar su a ranar Maris na wasu kwanaki ana juyawa. Zafin digiri 56 na minti 30 a tsakiyar itace shi ne ƙa'idar da duniya ke bi wajen kashe ƙwarin katakon da ake ɗaure kayan fitarwa waje da shi, amma katako mai kauri ba lallai zafin rana ya kai cikinsa ba.

Dalilin da ya sa mai binciken amfanin gona kamata ta damu da katako shi ne, wannan dangin ƙwari ba su san iyakar da ke tsakanin dirkar rumbu da abin da ke cikin rumbun ba. Dinoderus yana barin gora ya koma busasshen rogo. Lyctus na Afirka an sha samun sa a busassun saiwoyi masu sitaci, har da citta. Manomin Jaba ko Kachia da ya ga yadda annobar 2023 ta cinye cittar yankin bai kamata ya jingina buhunan ɗan abin da ya samu a kan katakon da ke zubar da gari ba. Babban misali shi ne ƙwaron nan Prostephanus truncatus, wanda asalinsa mai huda itace ne a Meziko da Amurka ta Tsakiya. Ya ɓulla a Tanzaniya a ƙarshen shekarun 1970, a Togo a 1984, aka kuma ba da rahotonsa a kudu maso yammacin Nijeriya a 1992. Yana ɓuya a cikin itacen rumbu bayan an kwashe hatsi, ya jira sabuwar kaka. Ya fi ɓarna a masarar da aka ajiye a kan totuwarta, don haka surfe ta daga totuwa a busar sosai kafin ajiya yana rage masa ƙarfi. Yana kuma iya huda leda, shi ya sa ko buhun PICS ne ba a ɗora shi a kan dandamalin da ƙwaro ya ci. Duk wanda ya share rumbu ya bar rubabben itacensa, rabin aiki ya yi.

A lambu ma hanyar ɗaya ce, matacce ne ke ciyar da mai kashe rayayye. Akwai babban baƙin ƙwaro, Apate terebrans, mai tsawon kusan santimita 3, da ke huda kututturen kashu da wasu bishiyoyi da rani. Za a ga rami, da gari da ƙaro a gindin bishiyar, reshen kuma ya karye da ƙaramar iska. A busasshen itace yake hayayyafa. Ana zura waya, ko da sifok ɗin keke ne, a kashe shi a ramin, sannan a toshe. Wani kuma, Analeptes trifasciata, mai dogayen ƙahoni da ratsin ruwan lemo uku, yana gwaguye reshen kashu ya kewaye shi kamar zobe don 'ya'yansa su girma a ɓangaren da ya mutu. Tattara waɗannan rassa a ƙone su ya fi kowane feshi amfani. Tarin itacen girkin da ake jinginawa a jikin mangwaro ko bayan rumbu shi ma a matsar da shi nesa, a kuma fara ƙona tsohon kafin sabo.

Ga 'yan'uwana malaman gona na shiyyar Samaru Kataf, roƙona shi ne a daina ɗaukar maganar katako a matsayin aikin ma'aikatan gandun daji kaɗai. Idan kuka je duba rumbu kafin kaka, ku duba dirkokinsa da tsaikonsa kamar yadda kuke duba hatsin. Ku ziyarci rumfunan 'yan katako da kafintoci a Kafanchan da Zonkwa, domin ramin boron guda a bakin kasuwar katako zai kare gidajen da ba za ku iya bi ɗaya bayan ɗaya ba, kuma mai katakon da ya iya cewa nasa an jiƙa shi da magani zai sami abin ƙara daraja. Idan kuka ga masara a kan totuwa ko busasshen rogo ya koma gari cikin ɗan lokaci fiye da yadda aka saba, ku kama ƙwarin ku zuba a ƙaramar kwalba mai sifirit, ku rubuta sunan gari da kwanan wata da abin da aka same su a ciki, ku aika Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Samaru ko reshen Cibiyar Binciken Adana Amfanin Gona da ke Kano domin a tantance.