Talla Ma Tarihi Ne

'Yan'uwana ɗalibai, ina da ƙorafi. Kullum kundayenmu a kan waƙa da ƙagaggun labarai suke. Mu nawa muka taɓa nazarin tallace-tallacen Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda aka fara bugawa a Zariya a 1939? Masanan Amurka ba su raina talla ba. Sun nuna da mujallar Munsey's ta karya farashinta zuwa senti 10 a 1893, kuɗin talla ne ya riƙe ta. To, wa ya riƙe tamu? Me aka tallata wa kakanninmu? A garinmu Dodoru na ga an ƙunshe ƙosai da tsohuwar jarida. Malamai, ku tura mu tattaro jaridun nan kafin gara ta riga mu!