Kada Fiyano Ta Binne Kalangu

Ina da ƙorafi a kan yadda samarinmu na situdiyo ke taɓa waƙoƙin Mamman Shata. Sai su ɗauko muryarsa, su lafta mata fiyano da gangar kwamfuta, wai sun sabunta ta. A ganinsu maimaicin kalangu talauci ne da ya kamata a rufa wa asiri. Ni kuwa a wajena maimaicin nan shi ne gwanintar.

Duk wanda ya tsaya kusa da makaɗin kalangu a gidan biki a Dutsin-Ma ko Kurfi ya san haka. Makaɗin zai daɗe a kan kiɗa guda, amma hammatarsa na matse tsarkiya tana saki, muryar ganga na hawa tana sauka. 'Yan amshi na nanata baiti ɗaya, mawaƙi kuma na zuba sabuwar magana a kai. Ɗan Maraya Jos ma da kuntigi mai tsarkiya ɗaya tak ya riƙe ƙasar nan.

Turawa sun gano darajar wannan salo. Steve Reich na Amurka ya je Ghana koyon kiɗa a 1970. Kafin shi, a 1964, Terry Riley ya tsara kiɗan In C, gajerun gaɓoɓi 53 da kowane makaɗi ke maimaitawa iya son ransa kafin ya wuce gaba. A 2013 ƙungiyar Africa Express ta haɗa makaɗan Mali da na Turai a Bamako, suka sake kaɗa shi da kora da balafon. Sabo ne fil, amma ba su kashe ruhinsa ba, domin sun saurare shi kafin su taɓa shi.

Abin da nake so a yi a nan ke nan. Muna da Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma da Kwalejin Ilimi ta Isa Kaita, cike da matasa masu kunne. Su nemo masu kalangu da gurmi da kukuma da suka rage, su zauna a gabansu a matsayin almajirai, a biya su haƙƙinsu. Bayan nan a gwada duk abin da ake so: jita, sarewa, har fiyanon ma. Sharaɗina ɗaya ne: kalangu ya ja gaba, na'ura ta bi baya. Dattawan nan suna ƙarewa, kuma abin da ke hannunsu ba a rubuce yake ba.