Maureen O'Hara: An Sauya Mata Suna, Ba a Sauya Mata Asali Ba

Masu iya magana na cewa kowa ya bar gida, gida ya bar shi. To amma rayuwar Maureen O'Hara, shahararriyar 'yar fim ɗin ƙasar Ailan, ta nuna mana cewa mutum zai iya yin nisa da gida ba tare da ya bar shi ba.

An haife ta a birnin Dublin a shekarar 1920, sunanta na asali Maureen FitzSimons. Ɗan wasan Ingila Charles Laughton ne ya ga hazaƙarta, amma aka ce sunan ya yi tsawo, sai aka mai da shi O'Hara. A 1939 ta fito a fim ɗin Jamaica Inn, daga nan ta wuce Hollywood a Amurka, inda jan gashinta ya sa ake mata laƙabi da sarauniyar fim mai launi.

A ra'ayina, ba kyawunta ne ya sa har yau ake tuna ta ba. A 1946, da za ta karɓi takardar zama 'yar Amurka, sai ta ga an rubuta cewa ita 'yar Birtaniya ce. Ta ƙi amincewa har a gaban alƙali, sai da aka gyara aka rubuta 'yar Ailan.

Haka kuma a fim ɗin The Quiet Man na 1952, wanda aka ɗauka a ƙauyen Cong, ta fito a matsayin amarya mai matsalar aure. Da ta je wajen limamin coci, kunya ta hana ta faɗa da Turanci, sai ta koma harshen Ailan. Mu ɗaliban harshe ya kamata mu lura da wannan: abin da ya yi nauyi a zuciya, harshen gida ne ke iya ɗaukarsa.

Wani zai ce ai ta yarda an sauya mata suna. Gaskiya ne, amma a lokacin ba ta kai shekara 20 ba, kuma neman shiga take. Da ta samu ƙarfi, ba ta ƙara sassautawa ba.

Abin takaici, ba a taɓa sa ta cikin 'yan takarar kyautar Oscar ba. Sai a 2014, tana da shekara 94, aka ba ta ta girmamawa, ta rasu a 2015. Sun makara, amma ita ta riga ta san ko ita wace ce.