Mayar da ma'aikaci bakin aiki ba tare da albashinsa na baya ba, rabin adalci ne

Dakatarwa ba kora ba ce, ba kuma hukunci ba ce. Jira ne kafin a gano gaskiya. Amma a ƙasar Nijar an daɗe ana mayar da wannan jira horo mai zaman kansa: a tsayar da mutum, a tsayar da albashinsa, a bar shi yana ƙidayar watanni, in an ga dama a kira shi ya koma aiki, a ce abin da ya wuce ya wuce.

Doka ba ta ce haka ba. Kundin dokokin aiki na 1996, da na 2012 da ya gaje shi, sun hana mai kamfani ya kori wakilin ma'aikata sai da amincewar sufeton aiki. In yana ganin wakilin ya yi babban laifi, yana iya dakatar da shi kafin sufeto ya yanke shawara. Idan sufeto ya ƙi amincewa, dakatarwar ba ta da sauran tushe. Hankali kuwa ba zai karɓi a ce an wanke mutum amma an riƙe kuɗin watannin da aka hana shi aiki ba. Haka kuma yarjejeniya mai lamba 158 ta Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya, wadda Nijar ta amince da ita a 1985, ta tanadi cewa wanda aka kora ba bisa hujja ba, ko a mayar da shi, ko a biya shi diyya da ta dace. Ma'aikatan gwamnati suna da tasu dokar daban, amma adalcin ɗaya ne.

To, me ya sa rijiya ta bayar, guga ya hana? Amsar tana bayyana sarai a gari kamar Filinge. Tsakaninsa da Yamai akwai wajen kilomita 180, kuma a can babban birni ministoci da manyan ofisoshi suke. Malamin makaranta, ko ma'aikacin likita, ko direba da aka dakatar a ƙasar Kurfai, sai ya nemi kuɗin mota da masauki kafin ya bi sawun takardarsa. Da wane kuɗi, alhali albashin ne aka tsayar? Shi ya sa da yawa ke haƙura, su karɓi komawa aiki hannu biyu, su yafe haƙƙinsu ba don sun so ba.

Ƴan kasuwa kada su ɗauka wannan rigimar ƴan albashi ce kawai. Ma'aikacin da ba a biya ba bai daina cin tuwo ba. Buhun hatsi, sukari, sabulu da kuɗin haya, duk bashi yake ɗauka har ƙarshen wata. In an hana shi albashin baya, mai kanti ne ya biya tarar laifin da ba a tabbatar ba. Wanda ya ga shekarun 1990 bai manta ba: albashi ya taru wata da watanni a kan gwamnati, an karya darajar sefa da rabi a watan Janairun 1994, ƙungiyar USTN ta yi ta yajin aiki, littattafan bashi suka cika a kantuna. Daga baya har da filayen gini aka biya wani sashe na wannan bashi. Darasin a fili yake: albashin da aka jinkirta ba ya dawowa da darajarsa.

Abubuwa uku ake bukata. Na farko, kowace takardar dakatarwa ta faɗi dalili da ranar da za a yanke magana. Na biyu, shawarar mayar da mutum aiki ta zo tare da lissafin kuɗinsa da ranar biya, cikin takarda guda. Na uku, sufetocin aiki su riƙa zagayawa garuruwa irin Filinge, Abala da Baleyara, maimakon jiran wanda aljihunsa ya bushe ya iske su.

Wanda ya yi laifi a hukunta shi bisa doka, ba mai musu. Amma wanda aka wanke, a ba shi kujerarsa da kuɗinsa rana ɗaya. Ƙasar da ta zauna Taron Ƙasa a 1991 don kafa mulkin doka bai kamata ta bar haƙƙin ma'aikaci ya koma alfarmar shugaban ofis ba.