Yunwar da Ake Yankewa Daga Finafinan Chaplin

Makon nan Facebook ya sake cika da guntayen finafinan Charlie Chaplin, an datsa su gutsi-gutsi, an liƙa musu dariyar inji. Abin ya ɓata mini rai. Ɗakin karatu na Majalisar Dokokin Amurka ya ƙiyasta a 2013 cewa kusan kashi 70 cikin 100 na dogayen finafinan Amurka marasa murya sun salwanta. Ɗan abin da ya tsira kuma shi ake yi wa wannan wulaƙanci: a bar santsi da faɗuwa, a cire yunwar da ta sa mutumin tsumman da Chaplin ke fitowa a matsayinsa yake gudun ɗan sanda.

A duba fim ɗin Chaplin, The Kid na 1921. Mace ce ta haihu ba aure, ta ajiye jaririn a motar masu kuɗi, ɓarayi suka sace motar, suka yar da shi a lungu. Wanda ya tsince shi ya rene shi mai gararamba ne, mara ko sisi. Yaron ya jefi tagar mutane, uban riƙon ya biyo da gilashi a biya shi gyara. A nan ake dariya, kuma ta halatta. Amma sai ga jami'an gidan marayu da mota, aka jefa yaron a baya kamar buhu, Jackie Coogan da ya fito a matsayin yaron yana miƙa hannu yana kuka. Chaplin ya san wannan rabuwa, domin yana ɗan shekara bakwai aka kai shi gidan gajiyayyu a Landan, uwarsa kuma daga baya taɓin hankali ya kai ta asibiti. Da yake babu murya, dole kyamara ta tsaya a kan fuska, dole mai kallo ya ƙura ido ga mutumin da yake kau da kai daga gare shi a titi. Finafinanmu na yau, na sha faɗa, talaka a cikinsu ko ɗan ban-dariya ne ko mai jiran Alhaji ya cece shi.

Za a ce ai kasuwanci ne, Hollywood ta sayar da tausayi, kuma ƙusumbin da ɗan wasa Lon Chaney ya fito da shi a wani fim na 1923 ne ya cika silima. Haka ne, kuɗi suka nema. Sai dai kuɗi ba su tilasta wa darakta Murnau a Jamus ya ɓata fim sukutum a 1924 kan tsohon mai gadin ƙofar otal da aka ƙwace wa rigar aiki aka mayar da shi kula da banɗaki ba, har maƙwabtan da ke gaishe shi jiya suka koma yi masa shewa. Wanda ya kalli wannan ya ce wasan yara ne, bai kalla ba, ko kuwa yana cikin masu shewar.