Almajiri: yadda muke ji da yadda suke gani

'Yan uwa ɗaliban Arewa da ke karatu a nan Kudu, kun san yadda ake jefa mana kalmar "almajiri" in gardama ta yi zafi. A bakin abokan karatunmu, ma'anarta yaro mai yagaggiyar riga, da roba a hannu yana bara.

A wajenmu kuwa asalinta "almuhajir", wanda ya bar gida neman ilimi. Daga kolo zuwa titibiri, zuwa gardi, har ya zama alaramma mai rubuta Alƙur'ani da ka. Babban malami ma yakan ce "ni almajiri ne" don tawali'u. Hausawa Kiristoci kuma "almajirai" suke kiran mabiyan Yesu.

To amma fa su mutanen nan a tasha da gidan mai suka samo tasu ma'anar. A 2020, lokacin korona, sun ga gwamnoninmu na loda yaran a motoci, kowa na mayar wa wani.

Ni dai a ganina fushi ba zai wadatar ba. Mu yi musu bayani cikin natsuwa. In mun koma gida hutu kuma, mu yi wa iyayen da ke tura yara ba guzuri magana. Muddin yaran na kwana da yunwa, ma'anar tasha ce za ta rinjayi ta tsangaya.